Tsofaffin Sojojin Ƙasar Zuru

Zuru masarauta ce a kudu maso gabashin Jihar Kebbi, kuma tana cikin wuraren da aka fi sani da yawan sojoji a Arewacin Najeriya. Mafi yawan mutanenta Lelna ne, waɗanda Hausawa ke kira Dakarkari. Tun zamanin Turawa ake ɗibar samarinsu aikin soja, har aka sami karin maganar "sojan Badakkare", wato sojan da in an ba shi umarni ba ya ja da baya.

Masana kan danganta wannan juriya da al'adar golmo, inda saurayi ke shafe shekaru, bisa al'ada bakwai, yana noma gonar surukinsa kafin a ba shi mata. Wanda ya saba da fartanya tun asuba har rana ta take, faretin bariki ba zai ba shi tsoro ba.

A Yaƙin Duniya na Biyu an kai sojojin Najeriya ƙasar Bama (Myanmar a yau) cikin runduna ta 81 da ta 82 ta Afirka ta Yamma, suka gwabza da Japanawa a dazuzzukan Arakan har 1945. Sai kuma yaƙin basasa daga 1967 zuwa 1970, lokacin da rundunar ƙasar ta kumbura ta kai kusan mutum 250,000. Da aka tsagaita wuta aka shiga rage yawan sojoji, da dama suka koma gona.

Ƙasar Zuru ta fitar da manyan hafsoshi. Akwai Laftanar Janar Ishaya Bamaiyi, hafsan sojan ƙasa daga 1996 zuwa 1999, da Manjo Janar Tanko Ayuba, wanda ya yi gwamnan soja a Kaduna kafin ya zama sanata. Marigayi Sarkin Zuru, Manjo Janar Muhammadu Sani Sami, ya mulki Jihar Bauchi daga 1984 zuwa 1985, ya rasu a 2025. Amma waɗannan kaɗan ne. Mafi yawa kurata ne da kofur da saje, waɗanda sunansu bai taɓa shiga jarida ba.

Su ne suka fi dogara da Ƙungiyar Tsofaffin Sojoji ta Najeriya, wadda aka kafa bisa doka a 1964, mai rassa a jihohi. Tana bin kadin fansho da garatuti, tana tallafa wa matan da mazajensu suka kwanta dama da marayunsu, tana kuma sama wa masu sauran ƙarfi aikin gadi. Kowace shekara ranar 15 ga Janairu, ranar da aka kawo ƙarshen yaƙin basasa, ake tunawa da 'yan mazan jiya. Za ka ga dattijo ya sa hularsa, ya jera lambobin yabo a ƙirji, hannu na rawa amma yana sara wa tuta.

Babban kukansu jinkirin biyan haƙƙi ne da wahalar tantancewa, domin Hukumar Fanshon Soja tana Abuja, mai bin kuɗinsa kuwa sau da yawa tsoho ne da ido ya yi rauni. A ƙarshen 2024 tsofaffin sojoji daga sassan ƙasar suka tare ƙofar Ma'aikatar Kuɗi a Abuja suna neman bashin alawus da suke bi.