Taswirar waya marar buƙatar data a tafiyar daji

Taswira marar buƙatar data ita ce wadda mutum yake saukewa cikin wayarshi tun yana gari inda akwai sabis, ta zauna a ciki, ko ya shiga inda sabis ya ɗauke gaba ɗaya in ya buɗe zai ga inda yake. Tana amfanar mai tafiyar ƙasa sosai, kamar wanda zai hau duwatsun wajen Dutsin-Ma ko ya taka zuwa Durɓi Takusheyi a ƙasar Mani.

Da yawa sun ɗauka shuɗin ɗigon nan da ke nuna inda kake da data yake aiki, to ba haka bane. GPS ne, tsarin taurarin ɗan'adam na Amurka, aƙalla guda 24 suna kewaya duniya a nisan kusan kilomita 20,200, wayar saurare kawai take yi, in ta kama sigina daga guda 4 sai ta lissafo wurinka, a fili kuskuren bai cika wuce mita 5 ba. Rasha na da nata GLONASS, Turai Galileo, Sin kuma BeiDou, yawancin wayoyin yanzu suna haɗa su. Sai dai in babu sabis kamawar farko takan ɗau mintuna, kuma a gindin dutse ko cikin kwazazzabo ɗigon yakan yi tsalle, sai ka fito fili ka ɗan jira.

Manhajojin ba ɗaya suke ba. Google Maps na bari ka sauke yanki, amma ba data hanyar mota kawai zai nuna maka, ba ta mai tafiya a ƙasa ba. OsmAnd da Organic Maps suna ɗaukar bayanansu daga OpenStreetMap, taswirar da aka fara a Ingila a 2004 wadda 'yan sa kai ke zanawa, su suna nuna hanyar ƙafa, amma fa sai wadda wani ya zana. Nan ne matsalarmu take, cikin birnin Katsina ko Daura tituna sun fito, da ka nausa ƙauye sai ka tarar da burtali da hanyoyin gona da yawa babu su. Ga maimaituwar suna, Sabon Gari da Tudun Wada sun fi a ƙirga, sai ka duba ƙaramar hukuma kafin ka bi.

Batir shi ne ran abin. Wayar da ke neman sabis inda babu shi tana shan caji ba kaɗan ba, shi ya sa ake danna alamar jirgin nan da ke hana waya neman sabis, GPS zai ci gaba da aiki. A riƙe fawa bank da igiyarshi. Zafi ma abin lura ne, Apple sun ce wayarsu daga digiri 0 zuwa 35 aka yi ta, mu kuwa a watan Afrilu rana na haura 40, waya a hannu cikin wannan rana sai ta rage haske ko ta ƙi aiki, gara ta zauna cikin jaka a riƙa leƙawa jefi-jefi. Tun a gida a kashe data a gwada taswirar, a sa alama inda aka faro tafiya da inda rijiya take.

Abin da taswira ba za ta faɗa maka ba shi ya fi haɗari. Ba ta san gulbin da ka tsallaka a ƙafa da rani ya kawo ruwa a watan Agusta ba, kuma ba ta san halin tsaro ba, Dajin Rugu da kewayenshi ba wurin yawo bane ko me waya ta nuna. Mai unguwa da makiyaya su ake tambaya, kuma a faɗa ma na gida hanyar da za a bi da lokacin dawowa. Lambar gaggawa a Najeriya 112 ce, amma ita ma sai da sabis, saboda haka a koyi kwafo lambobin da ke nuna daidai inda mutum yake daga taswirar don a tura a saƙo da zarar sabis ya leƙo. Wajen Jibiya da Kwangwalam kuma a lura da layin iyaka, mutum na iya faɗawa Nijar bai sani ba.