Shin da gaske matan dā ba su bar komai a zane da adabi ba?

An daɗe ana cewa ƙarancin sunayen mata a gidajen tarihi da tsofaffin littattafai shaida ce cewa matan dā ba su yi zane ko rubutu ba. Mai wannan zato ba shi da laifi, abin da aka jera masa ya gani.

Sai dai binciken da masana suka dukufa a kai tun shekarun 1970 ya nuna aikin yana nan, sunan ne ya ɓace. A Ingila da Faransa a ƙarni na 19, marubuta mata da dama sun fitar da littattafansu da sunan maza ko ba suna. Akwai zane-zanen da aka jingina wa uba, miji ko malami, daga baya aka gano na mace ne. Babbar makarantar zane ta Paris ma sai a 1897 ta fara karɓar mata.

Abin da na fi ganin nauyinsa shi ne yadda aka kasa ayyukan aji-aji. Saƙa, ɗinki da tukwane, inda mata suka yi fice, an ɗauke su sana'ar hannu kawai, aka rubuta sunan ƙabila ko gari a madadin mai aikin. Kuma yawancin kayan manyan gidajen tarihi suna rumbun ajiya.

Idan kun je gidan tarihi, ku karanta bayanin da ke gefen kowane kaya: wa ya yi, wa ya tattaro, yaushe. Gidaje da yawa sun sa kundin kayansu a intanet, ana iya bincikawa.

Don Allah a tura wa wasu su karanta.