Waiwaye: Yadda fayilolin DLL suka zama 'yan aike tsakanin manhaja da na'ura

A shagunan buga takardu na cikin garin Sakkwato da na kusa da Jami'ar Usmanu Danfodiyo, musamman lokacin rajistar jarrabawa, akwai saƙon da ke tsayar da aiki cak. An jona na'urar ɗaukar zanen yatsa, fitilarta ta kama, amma manhajar ta ce ba ta ga wani fayil mai ƙarewa da .dll ba. Nan take sai ka ji an ce "direba ya tafi". Sau da yawa direban, wato ƙaramar manhajar da ke sarrafa na'urar, na nan lafiya lau, ɗan aiken da ke tsakaninsa da manhajar ne ya ɓace.

DLL rumbun umarni ne da manhajoji ke ara a lokacin da suke aiki, maimakon kowace ta ɗauko nata a ka. Dabarar ta girmi Windows, domin tun shekarun 1960 aka gwada ta a wani tsarin gudanar da kwamfuta mai suna Multics. Da Microsoft ya fitar da Windows 1.0 a 1985, ƙwaƙwalwar da ake buƙata ba ta wuce kilobait 256 ba, don haka dole a yi tattali: kwafi ɗaya na manyan rumbunan Windows, wato KERNEL da USER da GDI, kowa ya ɗiba daga nan. A wancan zamani direbobin allo da linzami da madannai, masu ƙarewa da .drv, su ma DLL ne da aka sauya wa suna. Ka ga ke nan masu haɗa DLL da direba a baki ba su yi laifi sosai ba, asalinsu ɗaya.

Rabuwar ta zo da Windows NT 3.1 a 1993. Aka ja katanga: manhajoji a waje, zuciyar tsarin da direbobi masu ƙarewa da .sys a ciki, aka hana manhaja taɓa na'ura kai tsaye. Yau idan ka danna "ɗauki yatsa", manhajar na kiran DLL ɗin da kamfanin na'urar ya rubuta, shi ya miƙa buƙatar ga kernel32.dll ta wani umarni mai suna DeviceIoControl, ta ratsa ntdll.dll, ta tsallaka katangar zuwa direba, shi kuma ya yi magana da na'urar ta kafar USB. Hoton yatsan ya biyo wannan hanya ya dawo. Ko'ina igiyar ta tsinke, mai shago abu ɗaya yake gani: na'ura ta ƙi aiki.

Shekarun 1990 su ne na wahala. Kowace manhaja kan zo da nata kwafin DLL ta zuba a babbar foldar Windows, ta danne na wata, ko da nata ne tsoho. Ka sa manhajar sikana da safe, ta lissafi ta daina buɗewa da yamma. Windows 2000 ya fara tsare fayilolin tsarin daga dannewa, XP kuma a 2001 ya kawo foldar WinSxS, inda nau'o'i daban-daban na fayil ɗaya ke zaune kafaɗa da kafaɗa. Wannan folda kan yi ƙiba, shi ya sa wasu masu gyara ke share ta don samun fili. Ganganci ne, kwamfutar na iya ƙin tashi.

Abin da ya fi cin mutane yanzu shi ne bambancin 32-bit da 64-bit, wato nau'o'i biyu na ginin manhaja da Windows, kuma sunayen da Microsoft ya zaɓa sun ƙara dagula lissafi. A kwamfuta mai 64-bit, foldar System32 ita ke ɗauke da fayilolin 64, SysWOW64 kuma na 32. E, a juye suke. Manhajar 32 ba ta iya ɗaukar DLL na 64, haka ma akasin haka, kuma a nan ne lambar kuskure 0xc000007b ta fi fitowa. Abin dubawa shi ne nau'in manhajar, ba na kwamfutar ba: tsohuwar manhajar rajista mai 32 tana son fayilolin 32 ko da laftof ɗin sabuwa ce fil. Direba kuwa dole ya dace da Windows ɗin kansa, kuma tun daga Vista mai 64-bit sai yana da sa hannun da aka tantance, in ba haka ba Device Manager, shafin da Windows ke jera na'urorin da ke jone, ya nuna Code 52.

Sauko da fayil guda daga intanet a jefa shi System32 shi ne maganin da ya fi yaɗuwa, shi ne kuma mafi haɗari. DLL na aiki da duk ikon manhajar da ta ɗauke shi. A 2010 aka gano ƙwayar Stuxnet, wadda ta maye gurbin s7otbxdx.dll, fayil ɗin da manhajar Siemens ke magana da injuna ta cikinsa, a tashar nukiliya ta Natanz a Iran. Injiniyoyi na kallon allo komai daidai, injuna na lalacewa.

Gyaran da ya dace yana da tsari. A fara buɗe Device Manager. Alama mai ruwan ɗorawa da Code 28 na nufin ba a sa direba ba, sai a cire na'urar, a sa cikakken kunshin kamfanin da ya ƙera ta, a sake kunna kwamfuta, sannan a jona. Idan babu alamar, a karanta sunan fayil ɗin da ya ɓace. MSVCR100.dll na kunshin Microsoft mai suna Visual C++ 2010 ne, VCRUNTIME140.dll da MSVCP140.dll na 2015 zuwa 2022 ne. A sauko da cikakken kunshin daga Microsoft, a sa x86 (na 32) da x64 (na 64) duka biyun. In fayil na Windows ne ya lalace, abin da kan faru idan aka ɗauke wuta ana tsakiyar sabuntawa a kwamfutar tebur marar UPS, a buɗe Command Prompt, tagar rubuta umarni, da ikon mai gudanarwa a rubuta sfc /scannow, umarnin da ke duba fayilolin Windows ya gyara su. Kada a manta da leƙa ma'ajiyar antibairos, domin yakan kama DLL na manhajojin filashin ɗin waya ya kulle. Umarnin regsvr32 da ake yawan ba da shawara kuwa, wani rukuni na DLL da ake kira COM kaɗai yake yi wa rajista, sauran zai ce bai ga DllRegisterServer ba.