Ra'ayin mazan jiya da daidaiton launin fata

Ra'ayin mazan jiya aƙidar siyasa ce mai fifita al'adu da hukumomin da aka gada, mai ɗari-ɗari da sauyin gaggawa. Daga nan ne takun-saƙarta da batun launin fata ya samo asali, domin a Amurka bauta da wariya suna cikin abin da aka gada ɗin.

Tun farko bakin masu aƙidar bai zo ɗaya ba. Edmund Burke, wanda ake ɗauka uban wannan tunani a Birtaniya, ya tsara daftari a 1780 na kawar da cinikin bayi sannu a hankali. A Amurka kuwa, Sanata John C. Calhoun ya miƙe a majalisa a 1837 ya ce bauta alheri ce.

An fi kai ruwa rana bayan 1954, lokacin da Kotun Ƙolin Amurka ta haramta raba makarantun baƙaƙe da na farare. A 1957 mujallar masu aƙidar, National Review, ta William F. Buckley ta mara wa fararen jihohin Kudu na Amurka baya kan ci gaba da fifikonsu a kan baƙaƙe, matsayin da shi Buckley ya janye daga baya. Sanata Barry Goldwater ya goyi bayan dokokin 'yancin jama'a na 1957 da 1960, amma ya ƙi ta 1964. Hujjarsa ita ce gwamnatin tarayya ba ta da hurumin gaya wa mai otal ko mai kanti wanda zai karɓa. Ko mene ne nufinsa, fararen Kudu sun gane karatun: a zaɓen shugaban ƙasa na shekarar, da ya tsaya takara, jihohi shida kacal ya ci, biyar daga cikinsu a Kudu. Sai dai sanatocin jam'iyyarsa ta Republican 27 cikin 33 sun kaɗa ƙuri'ar amincewa da dokar ta 1964.

Yau akasarin masu aƙidar suna cewa doka ta rufe ido ga launi, ta dubi mutum shi kaɗai. Baƙaƙen fata irin su masanin tattalin arziki Thomas Sowell da Mai Shari'a Clarence Thomas suna ganin fifita baƙaƙe wajen ba da gurbin karatu ko aiki yana cutar da waɗanda ake son taimakawa. Masu suka suna cewa rufe ido bayan ɗaruruwan shekaru na danniya barin giɓin dukiya da ilimi ne yadda yake. A 2023 Kotun Ƙoli ta hana jami'o'i, ciki har da Harvard, la'akari da launin fata wajen ɗaukar ɗalibai.