A Ingila, gosulo ba cunkoson motoci ba ne

Duk wanda ya taɓa maƙalewa a Kwangila ta Zariya da yamma, tireloli sun tare hanya, 'yan acaɓa na kutsawa ta ko'ina, zai ce maka gosulo ne ya riƙe shi. Da yawanmu mun ɗauka haka Bature ke kiran cunkoson motoci. Ba haka ba ne.

A Ingila, "go-slow" salon boren ma'aikata ne. Ba su tafi yajin aiki ba, suna zuwa kullum, amma da gangan suke jan ƙafa har mai kamfani ya ji a jikinsa. Cunkoson hanya kuwa "traffic jam" suke ce masa.

Tsakaninmu kalmar gosulo ta zauna daram, kuma ina son ta. Ɗalibin da zai rubuta jarrabawar gwajin Turanci ta IELTS dai ya kiyaye.