Belin Wanda Ake Zargi da Fashi a Kamaru: Abin da Doka Ta Tanada

Sau da yawa idan jandarmomi suka kama wani bisa zargin fashi a Garwa, Marwa ko Ngaundere, abin da danginsa ke fara ji daga bakin mutane shi ne: "Ai fashi ba shi da beli." Maganar ba haka take gaba ɗaya ba. Ya danganta da sashen dokar da aka rubuta tuhumar a kai.

Dokar hukunta laifuka ta 2016, a sashe na 318, ta yanke wa sata ɗaurin shekara 5 zuwa 10. Sashe na 320 ya ninka wannan idan an yi satar da ƙarfi, ko da makami, ko ta fasa gida, ko da mota, wato shekara 10 zuwa 20. Idan kuwa wanda aka yi wa fashin ya mutu ko ya samu mummunan rauni, hukuncin kisa ne. Ita kuma dokar tsarin shari'ar laifuka ta 2005, wadda ta fara aiki a Janairun 2007, a sashe na 224 ta hana beli ne ga wanda laifinsa ke jawo kisa ko ɗaurin rai da rai. Saura suna da damar nema, ta hanyar ajiye kuɗi ko kawo mai tsaya musu, amma bayarwa na hannun alƙali. In da bindiga aka yi fashin, kotun soja ce ke da shari'ar.

Kafin a kai ga alƙali akwai tsarewar ofishin jandarma ko 'yan sanda: awa 48 ce, ana sabunta ta sau ɗaya, ƙari bayan haka sai da rubutaccen izinin mai gabatar da ƙara. Sai dai wata dokar 1990 ta ba hukumomin mulki ikon tsare mutum kwana 15, da damar sabuntawa, da sunan yaƙi da manyan 'yan fashi. Da an tura mutum gidan kaso jiran shari'a, alƙali mai bincike na da wata 6, yana iya ƙara har wata 12 a babban laifi.

Inda gizo ke saƙa shi ne wurin nuna mai laifi. Ɗauki direban da aka tare da daddare a hanyar Ngaundere zuwa Garwa: an haske masa ido da tocila, an ce ya kwanta rubda ciki, maharan sun naɗe fuska da rawani. Bayan mako biyu a kira shi ofis, a fito da mutum ɗaya tilo da ankwa a hannu, a ce "shi ne?" Mutumin da ke cikin zafin asara, ga jami'i tsaye a kansa, da wuya ya ce a'a. Wannan "eh" ɗin ita ke shiga takardar bayani, ita alƙali zai karanta ranar da aka nemi beli. A ganina irin wannan nuni bai kamata a ɗora masa nauyi ba. Abin da ya fi kusa da gaskiya shi ne a fara rubuta siffar da mai ƙara ya bayar kafin ya ga kowa, tsayi, murya, tabo, harshen da suka yi magana da shi, sannan a jera wanda ake zargi cikin mutane masu kama da shi. Kuma kada a riga a yaɗa hotonsa a WhatsApp, abin da ya zama ruwan dare yanzu.

Nan ne aikin lauya yake. A zaman gaba da gaba wurin alƙali mai bincike zai tambaya: da wane haske ka gan shi? Ka san shi a da? An nuna maka hotonsa kafin ranar? Doka na ɗaukar wanda ake tuhuma a matsayin marar laifi har sai kotu ta tabbatar, mai gabatar da ƙara ne ke kawo hujja, kuma amsa laifin da aka samu ta duka ba ta karɓuwa.

Dangi kuma su shirya shaidar mazauni da mai tsayawa sananne, don babbar fargabar alƙali ita ce mutum ya tsallaka Najeriya ko Chadi. In wa'adin tsarewa ya wuce ba a sabunta ba, sashe na 584 na dokar tsarin shari'ar laifuka ya ba da damar kai kuka ga shugaban babbar kotun yankin ya ba da umarnin a sake shi nan take.