Waiwaye: Yadda malamin da aka kora ba bisa ƙa'ida ba ya sami ƙofar komawa aji

Duk lokacin da aka yi tantancewar ma'aikata, a Sakkwato ko a wata jiha, za ka tarar da malamin firamare da sunansa ya ɓace daga jerin masu albashi, babu takardar tuhuma, babu wanda ya kira shi ya ji ta bakinsa. Yawancinsu sukan ce ƙaddara ce, su koma gona ko kasuwa. Amma doka ta daɗe da tanadar masa hanya, kuma hanyar ba a rana ɗaya aka share ta ba.

A da, tsarin da muka gada daga Ingila ya ɗauki ma'aikaci tamkar yaron gida: maigida na iya sallamarsa, iyakar abin da kotu za ta ba shi kuɗin wa'adin sanarwa ne. A 1975 gwamnatin Janar Murtala ta sallami dubban ma'aikata cikin 'yan watanni, wasu ta rediyo suka ji. Daga cikin shari'o'in da suka biyo bayan wannan zamani akwai ta Shitta-Bey, wadda Kotun Ƙoli ta yanke a 1981. Ta ce ma'aikacin da doka ta tsara aikinsa ba a korarsa don ganin dama, in kuma an kore shi ba bisa tsari ba, a mayar da shi. Shari'ar Olaniyan da Jami'ar Legas ta 1985 ta ƙara ƙarfafa wannan.

Sojoji ba su bar ƙofar a buɗe ba. Doka mai lamba 17 ta 1984 ta hana kotuna sauraron ƙarar ma'aikacin da aka kora a ƙarƙashinta, kuma mutane da yawa sun rasu ba su sami haƙƙinsu ba. Sai da aka dawo mulkin farar hula a 1999 aka samu sa'ida. Malaman Jami'ar Ilori 49 da aka kora a 2001 sun yi shekara takwas suna shari'a kafin Kotun Ƙoli ta mayar da su a 2009, tare da biyan albashinsu na baya. Shekara takwas ba wasa ba ce ga mai iyali, shi ya sa nake ganin haƙƙin da ake jira haka rabinsa ya riga ya tafi.

Babban sauyi ya zo ne da gyaran tsarin mulki na uku, wanda ya fara aiki a 2011. Sashe na 254C ya damƙa duk wata ƙarar aiki a hannun Kotun Ma'aikata ta Ƙasa (National Industrial Court), wadda aka kafa tun 1976 amma ba ta da ƙarfi sosai a da. Kotun tana da reshe a nan Sakkwato, don haka malami daga Gwadabawa ko Tambuwal ba sai ya tafi Abuja ba. Wannan kotu ce ƙungiyar malamai ta NUT ta kai wa kuka lokacin da gwamnatin Kaduna ta yi shirin sallamar malamai fiye da 21,000 bayan jarrabawar 2017.

Abin da alƙali ke dubawa shi ne ko an bi ƙa'ida: an ba malamin takardar tuhuma, an saurare shi kamar yadda sashe na 36 na tsarin mulki ya tanada, kuma hukumar da ta kore shi ita ce mai ikon yin hakan? Nan ne malaman ƙananan hukumomi 23 na jihar Sakkwato ke shan wahala, domin da yawa ba su riƙe da takardar kama aiki ko ta tabbatarwa, alhali su ne hujjar cewa doka ce ta tsara aikin. Wanda aka ɗauka na wucin gadi, da wuya ya samu fiye da diyya.

Sai maganar lokaci. Dokar kare jami'an gwamnati ta ba da wata uku kacal a shigar da ƙara, kuma hukunce-hukuncen Kotun Ƙoli sun sha bamban kan ko ta shafi rikicin aiki. Malamin da ya yi shekara yana zarya tsakanin ofishin sakataren ilimi da hukumar ilimin bai-ɗaya ta jiha (SUBEB) yana jiran a tausaya masa, yana iya isa kotu ya tarar lauyan gwamnati da wannan dokar zai fara tare shi.